Gwangwanin Dakta Saura-Ƙiris

Duk Bahaushen da ya sauka Kuala Lumpur da sunan karatu, kafin ya gama warware gajiya za a nuna masa inda ake Juma'a, a nuna masa inda zai ci abincin da ba zai tayar masa da ciki ba, sannan a nuna masa Malam Datti. Shi na ƙarshen ba a wahalar nemansa. Tun daga tashar jirgin ƙasa ta Pantai Dalam ake jiyo muryarsa.

Allah ya yi wa bawan nan baiwa. Sauran ɗalibai, talakawan ilimi, abin da kowa ke karantawa suka zo karantawa, wannan injiniya, wancan akanta, wani bankin Musulunci. Su yi 'yan shekarunsu suna dafa kai a laburare, su karɓi digiri su koma gida da sauri kamar waɗanda ake kora. Malam Datti bai yi wa ilimi wannan rashin kunyar ba. Ya zo da matarsa Murja tana da cikin fari. Yau 'yar da ta haifa, Kamila, yunifom take sawa ta tafi makaranta, a yi mata magana da Hausa ta mayar da Turanci, digirin ubanta na uku kuwa yana nan a kan wuta yana nuna a hankali. In ka tambaye shi yaushe za a sauke, sai ya dube ka da tausayi ya ce, "Saura ƙiris." Tun ana kiransa Dakta Saura-Ƙiris a bayan ido har aka koma kira a gaban ido. Bai taɓa jin haushi ba, don rabin farko na sunan kaɗai ke shiga kunnensa.

Fannin nasa ba na kowa ba ne: alkimiya da zaucewa a finafinan bebaye. Finafinan bebaye su ne na farkon zamani, tun kafin a iya haɗa hoto da murya, baƙi da fari, mutane na ta zare ido da wurwura hannu babu sauti. Alkimiya kuwa sana'ar nan ce ta mutanen da, ta neman mayar da dalma ko tagulla zinariya. Masu shirya finafinan wancan lokacin sun ƙaunaci mai wannan sana'a. Kullum za ka gan shi tsoho mai gemu, ya duƙa kan tukunya a ɗakin da hayaƙi ya turnuƙe, ya manta da ci, ya manta da wanka, ya manta da iyali, yana jiran zinariyar da ba ta zuwa. Malam Datti ya kalli duk waɗanda suka rage a intanet, ya sake kallo, ya kuma sakewa. Ya ce babu abin da ke ba shi mamaki kamar yadda mutum mai hankali zai zauce a kan tukunya ɗaya har haka.

Majalisarsa tana shagon mamak na ƙasan benensu, inda Indiyawa Musulmi ke sayar da shayin nan da ake ja sama har ya yi kumfa. Can yake zama cikin falmaran ɗinsa na masana, mai maɓallai bakwai ko takwas waɗanda babu wanda ya yi kama da ɗan'uwansa, wani na ƙashi, wani na kwalba, wani ruwan zinariya. Sababbin ɗalibai sun ɗauka haka manyan masana ke yi. Gaskiyar magana, in bayani ya kai bayani ƙirjin Malam Datti kumbura yake, maɓalli ya yi tsalle ya shige ƙarƙashin tebur, washegari kuma a ga wani a gurbinsa. Bai taɓa tambayar daga ina suke fitowa ba. Masani ba ya ɓata lokacinsa a kan maɓalli.

"You see, George," in ji shi wata rana ga abokinsa George, ɗan Filato mai aikin injiniya da ke zaune Sri Petaling, "matsalarku ku 'yan zamani, sai an yi muku magana kuke ganewa. Ni fuska kawai za ka ba ni. Gira ɗaya ta motsa, na karanta babi guda. Mutum ya mutu tun kafin a haifi kakana, amma in ya ɗaga yatsa a fim na san abin da ke ransa. Shiru, George! Shiru shi ne sarkin harsuna."

Ya yi bayanin darajar shiru tun daga la'asar har aka kira magariba.

To amma duk wannan ado ne. Ginshiƙin girman Malam Datti gwangwani ne.

A shekararsa ta biyu ya raka Murja sayen yadi a Jalan Tuanku Abdul Rahman. Tana can tana taya leshi, shi kuma idonsa ya faɗa kan wani gwangwani a saman kanta, a shagon wani dattijo. Zagayayye ne, faffaɗa kamar tiren shayi, ya yi tsatsa a gefe, irin wanda ake ajiye naɗin fim a ciki tun zamanin Turawa. A murfinsa an liƙa takarda da ta koɗe, rubutun ya goge, sai hoton wani mai gemu da ya duƙa kan wani abu mai kama da tukunya. Malam Datti ya girgiza shi, ya ji kacau-kacau. Kowa a fanninsa ya san yawancin finafinan farko sun ɓace, wasu sun ƙone, wasu sun ruɓe. Ga ɗaya Allah ya kawo masa har hannu, a tsakanin atamfa da leshi.

Dattijon mai shago ya ga mutum yana rawar jiki a kan tsohon gwangwani, ya ce ya ɗauka kyauta. Ya miƙa hannu zai buɗe murfin tukuna. Malam Datti ya cafke hannun da ƙarfi.

"Kul! Iska! Ka san abin da iskar garin nan za ta yi wa fim mai shekara ɗari?"

Dattijo ya yi ta bayani da Malayanci yana nuna gwangwani. Malam Datti, wanda duk zamansa a ƙasar bai riƙe komai daga harshensu ba sai makan, wato ci, da boleh, wato ya yiwu, ya gyaɗa kai irin na wanda ya yafe wa jahili, ya rungume abinsa ya fita. Murja ce ta tsaya ta ba dattijo haƙuri.

Daren nan bai yi ba sai da ya naɗe bakin gwangwani da salatif, ya buɗe firji. Firjin ɗalibai ne, ɗan ƙarami, kuma a ciki Murja ke ajiye dukiyarta: daddawa, kuka, man shanu, duk abin da mahaifiyarta ke aiko mata daga Kazaure a jakar duk ɗalibin da ya je hutu. A garin da laima ke sa takalmi ma ya yi fumfuna a cikin kwaba, daddawar da ba ta cikin firji ba ta daɗewa. Malam Datti ya kwaso su ya zube kan tebur, ya shimfiɗa gwangwani a bene na tsakiya shi kaɗai, kamar amarya.

"Baban Kamila, kayan miyar fa?"

"Murja, tarihin duniya ne a nan. Ki nema wa miya wani wurin."

Bai buɗe shi ba a wannan watan, bai buɗe a wannan shekarar ba. Ya ce sai an sami ɗaki mai sanyi daidai, da safar hannu daidai, da majigi daidai, da yanayi daidai. Masu hassada suka ce tsoro yake ji. Ƙarya suke. Mutumin da ya rubuta babi huɗu a kan fim bai gan shi ba, me zai tsorata shi? Daga hoton murfi kaɗai ya gano ƙasar da aka yi fim ɗin, ya gano halin mai gemun, ya gano cewa tukunyar tana wakiltar mulkin mallaka.

Kuma gwangwani bai bar shi haka ba, ya yi ta nuna masa ayoyi. Da farko kacau-kacau ɗin ya daina, ya ce naɗin ya zauna. Sannan wani ƙamshi mai nauyi ya fara fitowa daga gefen murfi. Ya karanta cewa tsohon fim yana da wari nasa na musamman, don haka kullum da safe ya buɗe firji, ya sa hanci, ya lumshe ido. Ya ce warin yana tuna masa da wani abu mai nisa a cikin ransa, abin da kalma ba ta kamawa. Abu mafi girma shi ne nauyi. Ya lura in ya ɗaga gwangwani a hannu, wata bayan wata yana rage nauyi, har ya zama kamar babu komai a ciki, sai kuma rana ɗaya ya wayi gari ya ji shi dam. Ya kuma lura hakan na faruwa ne daidai lokacin da ɗalibai ke dawowa daga hutun gida. Ya danganta abin da canjin damina. Babinsa na uku, wanda ya fi alfahari da shi, sunansa "Numfashin Fim". Hatta salatif ɗin da ya naɗa, shekara da shekaru, kullum sabo fil yake, abin da ya ɗauka shaida ce ta ingancin ajiyarsa.

Ita dai Murja gida take so. Ba wani dogon buri gare ta ba. Mahaifiyarta ta tsufa, idonta ya fara rauni, kuma ba ta taɓa ɗora hannu a kan jikarta ba, sai dai ta gan ta a waya tana cewa "Hi, Grandma." Duk lokacin da Murja ta kashe wayar nan sai ta shiga kicin ta yi kukanta ta wanke fuska. Ta yi wa mijinta maganar komawa har ta gaji, shi kuma amsarsa ɗaya ce, ya ma rantse a kanta a gaban baƙi: "Ranar da aka buɗe gwangwanin nan, wallahi ranar za mu fara haɗa kaya."

Wata rana da hantsi ta same shi a falo ya ƙura wa kwamfuta ido. A fim ɗin, mai gemu ya ƙarar da itacensa, yana karya ƙafar kujera yana cusawa a murhu. Bayansa matarsa ce tsaye, bakinta na motsi.

"Baban Kamila, gwangwanin nan fa, akwai maganar da nake ta so in..."

Ya ɗaga hannu bai waiwayo ba. "Shhh. Dubi nan, Murja, ki ƙaru. Dubi matar nan. Tana magana, ba ya ji. Kin ga makantar zuciya? Wannan wurin ba kowa ke lura da shi ba, sai mai ido."

Ta dubi matar fim, ta dubi ƙeyar mijinta, ta koma kicin. Wannan ba shi ne karo na farko ba, ba kuma na biyu ba.

Da an bar Malam Datti, da har yau gwangwani na numfashi. Sai dai mai duba aikinsa a jami'a, Farfesa Sharifa, 'yar ƙasar ce mai sanyin hali, ita ma haƙurinta ya kai bango. Ta kira shi ofis, ta ajiye tabarau.

"Datti, babi huɗu ka rubuta a kan fim ɗin da daga ni har kai babu wanda ya gani. Ka buɗe mana, lah. Na roƙa maka ƙarin lokaci har bakina ya gaji, ba zan ƙara ba. In akwai fim, akwai digiri. In babu, ka san sauran."

Ya fito yana gaya wa duk wanda ya gamu da shi cewa Farfesa ta matsu ta ga abin da duniya ke jira. Ya sa ranar Asabar bayan la'asar, a gidansa. Ya gayyaci ƙungiyar ɗalibai, ya gayyaci Farfesa. George ya sha wahala ya samo wani tsohon majigi a wurin mai tara kayan da, ya kwana biyu yana gyara shi har fitilarsa ta kama.

Tun ranar da Murja ta ji an sa rana, gidan ya fara canzawa. Tukwanen da ba a amfani da su kullum suka koma wurin Paulina, matar George. Kafet ya tafi gidan wani sabon ango. Kantar takalma ta ɓace, hotunan bango suka sauka. Mai karanta motsin gira ya ratsa falon nan safe da yamma, ya kuma lura, don ba za a ce bai lura ba. Ya ce, "Madalla, Murja. Yanzu ɗakin nan ya fara samun natsuwar da masani ke buƙata."

Ranar Asabar aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya, amma falo ya cika. An ja labule, an rataya farin zanin gado a bango. Murja ta yi tuwon shinkafa da miyar kuka, aka ci aka yi santi. Farfesa Sharifa da ta zo da niyyar ɗanɗanawa kawai sai ga ta tana neman ƙari, tana tambayar me ake sawa miya ta yi wannan daɗin. Malam Datti ya ce ƙananan abubuwa ne na mata, ya miƙe ya gyara falmaran, ya sa farar safar hannu.

"Farfesa, 'yan'uwa, you see, akwai ranakun da tarihi ke tsayawa ya cire hula. Mutanen da sun nemi zinariya a tukunya, suka mutu ba su samu ba, saboda ba su san inda za su tsaya ba. Ni na san inda zan tsaya. Na yi haƙuri, na yi tsaro, na hana iska, na hana ido, har nawa idon. Abin da za ku gani yau, rabon ɗan Adam da ganinsa tun kafin a shimfiɗa titin jirgi zuwa Kano. Ba na neman yabo. In an ga dama a sa sunana a ƙasan shafi, ya ishe ni."

Ya ci gaba. Wani ɗalibi ya yi gyangyaɗi ya farka ya tarar ana nan a ƙarni na sha shida. Da ƙyar George ya samu ya sa baki, "Oga Dakta, fitilar nan fa tsohuwa ce, in ta ƙone babu wata." Ya kunna majigi. Haske ya faɗa kan zanin gado, fari fat, yana jira.

Malam Datti ya buɗe firji da hannu biyu, ya ɗauko gwangwani ya aza a tebur. Ya yi bisimilla. Ya warware salatif a hankali, don a ƙarƙashin duk wannan falmaran akwai mutum, kuma mutumin ya san digirinsa da shekarunsa da sunansa duk suna ƙarƙashin murfin nan. Ya ɗaga murfi.

Ƙamshi ya tashi ya cika falo. Duk ɗan Najeriya da ke wurin sai da ya ɗago kai. Wani daga baya ya ce, "Kai! Gida!"

A ciki an jera wasu abubuwa baƙaƙe, zagayayyu, faifai-faifai, ɗaya kan ɗaya. Malam Datti ya ɗauki ɗaya da yatsu biyu ya ɗaga saitin haske.

"Kamar yadda na yi hasashe a babi na uku," in ji shi, muryarsa ta ɗan sirance, "naɗin ya rarrabu, ya dunƙule, ya..."

"Dakta," in ji Adnan, wani ɗalibi ɗan Katsina da ya yi wata ɗaya da dawowa daga hutu, "wannan ai daddawa ce. Ni na kawo ta."

"Ta kalwa ce ma, mai kyau," in ji Paulina.

Farfesa Sharifa ta leƙa, ta shinshina, ta dubi kwanon miyarta da ta suɗe, ta sake duban gwangwani.

Malam Datti ya juya. Murja na tsaye a bakin kicin da ludayi a hannu.

"Ina fim ɗina? Murja! Kin san abin da kika hallaka? Kin zubar da tarihin duniya don miya?"

"Babu fim, Baban Kamila," ta ce, ba ta ɗaga murya ba. "Tun satin da ka kawo shi na buɗe, da daddawata ta fara fumfuna. Maɓallai ne a ciki, da kwarkwaron zare. Su dattijon yake so ya kwashe ka riƙe masa hannu. Na sha zuwa in gaya maka, ka ce in yi shiru kana nazarin shiru."

"Ƙarya ne! To ina maɓallan? Ina shaida?"

"Ga su nan a ƙirjinka. Zaren ma shi ne ya ɗinka su." Ta goge hannu a zani. "Ka rantse ranar da aka buɗe za mu fara haɗa kaya. Ni na riga na gama. Akwatuna na bayan ƙofar ɗaki, littattafanka kaɗai suka rage."

Malam Datti ya sunkuyar da kai ya dubi falmaran ɗinsa. Na ƙashi, na kwalba, na ruwan zinariya, duk suna nan a jere, suna ƙyalli a hasken majigi. Bai ankara ba ya taka ya shiga tsakanin fitila da zanin gado, inuwarsa ta fito a bango ƙatuwa, baƙa a kan fari, har da gemu, ta duƙa kan wani abu mai kama da tukunya.

Ya buɗe baki. Babu abin da ya fito. Ya nuna gwangwani, ya nuna ƙirjinsa, ya nuna Farfesa, wadda ta riga ta rataya jakarta tana raɗa wa Paulina ko za a yi mata tapau, wato a ƙunsa mata sauran miyar ta tafi da ita. Ya ɗaga hannu biyu sama, ya dafe kai, ya zare ido, leɓɓansa na motsi. Inuwa ta yi duk abin da ya yi. Falo ya yi tsit, sai ƙarar majigi da ruwan da ke dukan taga.

Shi ne fim ɗin bebe na farko da yawancinsu suka taɓa gani, kuma babu wanda ya nemi a fassara masa. Har Kamila ta gane.

Murja ta ratso ta zare daddawar daga yatsunsa, ta mayar da ita cikin 'yan'uwanta, ta miƙa hannu.

"Kawo murfin in rufe," ta ce, "kada iska ta shiga."